Wasa biyar cikin kwana shidda: yadda ƴan ƙwallon wata ƙaramar jami'a suka ratsa kudancin Amurka a 1899

Duk wanda ya taɓa shiga kar daga Yamai zuwa Damagaram ya san yadda jiki ke yi in an sauka: ƙafa ta kumbura, baya ya sage, babu abin da mutum ke so sai tabarma. To a ce an yi wannan tafiya zuwa da dawowa har sau biyu, da ɗoriya, kuma a kowane zango sai an sauka an shiga fili an yi wani wasa mai kama da kokowar taron dangi, sannan a koma mota a kwana a hanya. Kusan haka ne wasu ɗalibai 18 na jami'ar Sewanee, a jihar Tenesi ta ƙasar Amurka, suka yi a watan Nuwamba na 1899. Sun yi tafiyar kimanin kilomita 4,000 cikin jirgin ƙasa, suka buga wasa biyar cikin kwana shidda, suka cinye duka biyar, kuma babu ƙungiyar da ta samu ko maki ɗaya a kansu.

Har yau Amurkawa na ba da wannan labari da alfahari. Amma in an bi shi daki-daki za a ga cewa neman kuɗi ne ya haifar da tafiyar, kuma jikin yara ne ya biya.

Ba irin balon da muka sani ba ne

Da farko sai a gane wane wasa ake magana a kai, don suna na ruɗarwa. Abin da Amurkawa ke kira ƙwallon ƙafa ba shi ne balon da yaranmu ke bugawa a bakin titi ba. Ɗan uwan rugbi ne: ƙwallon mai siffar ƙwai, ana ɗaukar sa da hannu a ruga da shi, abokan hamayya kuma su yi ƙoƙarin kayar da mai ɗauke da shi.

A jami'o'i aka haifi wasan. Karo na farko tsakanin jami'a da jami'a shi ne na ranar 6 ga Nuwamba 1869, inda Rutgers ta ci Princeton 6 da 4. A ranar mutum 25 ne a kowane ɓangare, kuma wasan ya fi kama da balonmu. A 1874 ɗaliban Harvard suka kara da na McGill daga ƙasar Kanada, suka ga salon rugbi, ya burge su, suka ɗauka. Daga 1880 wani ɗan jami'ar Yale mai suna Walter Camp ya shiga gyara dokoki: aka mayar da ƴan wasa 11, aka sa ƙungiyoyin biyu su riƙa jeruwa gaba da gaba kafin kowane yunƙuri, sannan aka ƙayyade yawan yunƙurin da ƙungiya za ta yi kafin ƙwallo ya koma hannun abokan karawa.

A 1899 ga yadda abin yake. Tsawon fili kusan mita 100. Ƙungiyar da ke riƙe da ƙwallo tana da yunƙuri uku ta ci gaba da kimanin mita huɗu da rabi. In ta kasa, ta miƙa ƙwallo. Wanda ya kai ƙwallo bayan layin ƙarshe ya samu maki 5, in an buga an wuce tsakanin sanduna bayan haka a ƙara 1. Bugun tsakanin sanduna daga cikin fili shi ma maki 5 ne. Ba a yarda a jefa ƙwallo gaba ba. Wannan doka ita ce ta sa wasan ya zama turereniya: tunda babu jifa, hanya ɗaya ce, a dunƙule a ture. Sai ka ga mutum ashirin da biyu sun cure wuri ɗaya, ana jan mai ƙwallo ta gaba, ana tura shi ta baya, ana take na ƙasa.

Hular kwano irin ta yau babu ita. Wasu na sa ƴar hular fata, wasu roba a hanci, da yawa kuma gashi kawai suke tarawa ya zame musu kariya. Ga wata doka mai tsanani: wanda aka fitar daga fili ba ya komawa cikin wannan wasa. Don haka mai rauni sai ya daure ya ɓoye. Mutum ɗaya ne ke kai hari, shi ne ke tsaron gida, daga farawa har tashi.

Mutuwa a fili ba baƙon abu ba ne a lokacin. A ƙarshen Oktoba 1897, a birnin Atlanta, wani ɗalibin jami'ar Jojiya mai suna Richard Von Gammon ya ji rauni a kai a wasa da Virginia, ya rasu washegari. Majalisar jihar ta amince da dokar haramta wasan baki ɗaya. Mahaifiyar yaron ce ta rubuta takarda tana roƙon kada a kashe abin da ɗanta ya fi so saboda mutuwarsa, gwamna ya ƙi sa hannu, wasa ya ci gaba. Shekara biyu ke nan kafin tafiyar da muke magana a kai, kuma a wannan birni na Atlanta Sewanee ta buɗe kakarta.

Makaranta a kan dutse

Sunan jami'ar a takarda shi ne Jami'ar Kudu, amma kowa Sewanee yake ce mata, sunan ƙauyen da take. Tana kan tsauni, kimanin mita 600 sama da teku, cikin kurmi. Manyan limaman cocin Episcopal na jihohin kudu ne suka kafa ta a 1857. Ɗaya daga cikinsu, Leonidas Polk, mai bayi ne, kuma daga baya ya zama janar a rundunar kudu lokacin yaƙin basasar 1861 zuwa 1865, yaƙin da aka yi a kan bauta. Cikin manyan masu ba da gudummawar gina ta har da John Armfield, wanda ya yi dukiyarsa da cinikin bayi. Yaƙi ya tsayar da aikin, sai a 1868 aka fara karatu. A 1899 ɗalibanta duka ɗari uku ne da ƴan kai, maza zalla, farar fata zalla. Akwai lise da yawa a Maraɗi da suka fi ta yawan ɗalibai.

Ƙaramar makaranta irin wannan ta yaya ta fi manyan jami'o'in jihohi ƙarfi? Wani ɓangare na amsar yana cikin kalandarta. A lokacin, zazzaɓin cizon sauro da shawara na addabar ƙasashen kwari na kudu a lokacin zafi, don haka masu hali ke son ƴaƴansu su kasance a kan dutse a wannan lokaci. Sai Sewanee ta juya shekara: ana karatu duk tsawon watannin zafi, a tafi dogon hutu da sanyi. Sakamakon haka, lokacin da ƴan wasan sauran jami'o'i ke dawowa daga hutu a Satumba suna neman sanin juna, na Sewanee sun daɗe tare.

Mai horaswarsu, Billy Suter, saurayi ne da bai kai shekara talatin ba, ya yi wasa a Princeton, wato ya zo da ilimin gabas inda wasan ya fi ci gaba. Kyaftin ɗinsu Henry Seibels ne, ɗan Alabama. Amma wanda ya ƙulla tafiyar ba ɗan wasa ba ne. Ɗalibi ne mai shekara 20, Luke Lea, manajan ƙungiya.

A wancan zamani ɗalibai ne ke riƙe da harkar wasanni. Manaja shi ke rubuta wasiƙu, ya shirya wasanni, ya yi ciniki a kan kuɗin ƙofa, ya sayi takalma, ya biya jirgi. Sewanee kuwa ba ta da gari kusa da zai cika fili da ƴan kallo. Abin da ke rufa mata asiri kowace shekara shi ne babban wasanta da jami'ar Vanderbilt a birnin Nashville. A 1899 ɓangarorin biyu suka saɓa a kan rabon kuɗin ƙofa, wasan ya rushe. Lea ya tashi da rami a aljihu. Dabarar da ya yi ita ce ya bi manyan biranen da ke da jama'a, ya jera wasanni kusa da kusa yadda kuɗin jirgi ɗaya zai ɗauki nauyin biyar. Ta fuskar lissafi dabara ce mai kyau. Shi dai mai lissafin ba ya cikin waɗanda za a take.

Kwana shidda

Kafin tafiyar sun riga sun nuna ƙarfi. Sun ci Jojiya 12 da 0 a ranar 21 ga Oktoba, bayan kwana biyu suka ci Georgia Tech 32 da 0, sannan Tenesi 46 da 0, sai wata ƙaramar makarantar coci 54 da 0.

Suka sauko daga dutse ta ƙaramin layin dogo zuwa tashar Cowan, suka shiga taragon kwana da aka yi musu haya. Mutum 21 ne: ƴan wasa 18, mai horaswa, manaja, da Cal Burrows, baƙar fata mai yi musu tausa. Suka ɗauki ruwan ƙoramar garinsu cikin ganguna don kada ruwan baƙon wuri ya ɓata musu ciki. Duk matafiyi ya san hikimar wannan.

Alhamis 9 ga Nuwamba, a Austin, suka gamu da jami'ar Teksas, wadda ita ce mafi ƙarfi a cikin biyar ɗin. Seibels ya fashe a goshi, aka manna masa filasta, ya ƙi fita, kuma shi ya kai ƙwallo gida sau biyu. Aka tashi 12 da 0. Da dare suka koma jirgi. Juma'a a Houston suka ci Texas A&M 10 da 0. Wani daren a jirgi. Asabar a New Orleans suka ci Tulane 23 da 0. Lahadi babu wasa, makarantar coci ce. Litinin 13 ga wata suka isa Baton Rouge, wanda masu Faransanci za su gane cewa sunansa na nufin jan sanda, suka lallasa jami'ar Luwiziyana 34 da 0. Talata 14 ga wata, a Memphis, jiki duk bandeji, suka ci jami'ar Misisipi 12 da 0. Jimilla maki 91, ba a ci su ko ɗaya ba.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina a nan shi ne dare, ba rana ba. Wanda ya yi kokowa ko ya buga balo a fili mai tsakuwa ya san cewa ciwon ba a ranar yake fitowa ba, sai washegari, in jini ya kwanta, gaɓoɓi sun ƙage. Su kuwa washegarin ce ranar wani wasan. Abin da ya tsaya tsakaninsu da kasa tashi shi ne hannun Cal Burrows, wanda ke bin su gado-gado cikin tarago mai girgiza yana murza musu ƙafafu da kafaɗu har su samu barci. Shi yaushe yake barci? A kudancin Amurka na 1899, shekara uku bayan kotun ƙoli ta halatta raba farare da baƙaƙe a taragon jirgi, mutum irinsa ba shi da damar zama a aji ɗaya da yaran da yake tausawa. Sai bayan fiye da shekara hamsin jami'ar ta fara karɓar ɗalibai baƙar fata. An daɗe ana ba da labarin "mazajen ƙarfe", kamar yadda ake yi musu kirari, ba tare da an tsaya a kan sunansa ba. A ƴan shekarun nan ne, musamman da wani fim na tarihi da ya fito a 2022, aka fara ba shi matsayinsa.

Bayan dawowa ba su huta ba. Ranar 20 ga Nuwamba suka ci Cumberland 71 da 0. Wannan Cumberland ɗin dai ita ce wadda a 1916 Georgia Tech ta ci 222 da 0, cin da ba a taɓa yin irinsa ba a tarihin wasan.

Ranar da suka sha da ƙyar

Wasan da ya kusa ɓata musu shekara shi ne na 30 ga Nuwamba a Montgomery, ranar bikin godiya ta Amurkawa, da jami'ar Auburn. Mai horas da Auburn shi ne John Heisman, wanda a yau kyautar gwarzon ɗan wasan jami'o'i ke ɗauke da sunansa. Heisman ya koya wa yaransa sauri: da an kayar da mai ƙwallo sai su sake jeruwa nan take su afka, kafin abokan hamayya su daidaita. Sewanee ba ta saba da haka ba. A karon farko a kakar aka keta layinta, har sau biyu.

Kowace ƙungiya ta kai ƙwallo gida sau biyu, wato maki goma-goma. Bambancin shi ne bugun ƙari: Auburn ta ɓarar da nata duka biyun, Sewanee ta ci ɗaya. Ƴan kallo suka yi ta kutsawa cikin fili, gardama da alƙalin wasa ta ci lokaci, duhu ya shigo, aka tsayar da wasa kafin lokacinsa ya cika a kan 11 da 10. Heisman bai yarda da alƙalancin ba, har ya kai ƙorafinsa jarida. Wanda ya san filayenmu ranar da ƙungiyar gari ke karɓar baƙi ba zai yi mamakin komai a nan ba.

Bayan kwana biyu kacal, 2 ga Disamba, suka sake komawa Atlanta suka kara da Carolina ta Arewa. Babu wanda ya iya kai ƙwallo gida. Bugun Rex Kilpatrick tsakanin sanduna ne ya ba su maki 5, aka tashi 5 da 0. Kaka ta ƙare: wasa 12, nasara 12, maki 322 a gare su, 10 a kansu, kuma goman nan duka na Auburn ne.

Sai dai a faɗi gaskiya, kada kirari ya rufe ido. A kudu wasan jariri ne a lokacin. Sewanee ta fara a 1891. Teksas, Tulane, Luwiziyana da Misisipi duk a 1893 suka fara, Texas A&M kuma a 1894. Tulane ba ta ci wasa ko ɗaya ba a 1899. Manyan gwanaye suna gabas, kuma masu tarihin wasan Harvard da Princeton suke ba kambin ƙasa na wannan shekara. Sewanee zakaran kudu ce, ba ta kara da na gabas ba. A ganina abin mamakin yana wajen juriya fiye da gwaninta: a ce jiki ya ɗauki wannan duka sau biyar cikin kwana shidda, a garuruwan mutane, gaban ƴan kallon mutane.

Abin da ya biyo baya

Jikin kuwa bai manta ba. Ormond Simkins, ɗaya daga cikin ƙarfafan ƙungiyar, ya rayu da ciwon ƙafafun da ya samo a fili har ta kai ga yanke masa ƙafa, ya rasu a 1921. Seibels ya yi tsawon rai, ya rasu a 1967, kuma a 1973 aka sa sunansa cikin jerin gwarazan wasan jami'o'i.

Shekara shidda bayan tafiyar, abin ya kai maƙura a ƙasar baki ɗaya. A kakar 1905 kusan mutum ashirin suka mutu sanadin wasan. Shugaba Theodore Roosevelt, wanda shi kansa mai son wasan ne, ya kira wakilan Harvard, Yale da Princeton zuwa fadarsa a watan Oktoba ya ce su gyara. Wasu jami'o'i, kamar Columbia, suka soke wasan na tsawon shekaru. A 1906 aka kafa ƙungiyar jami'o'i mai kula da dokoki, wadda daga 1910 ake kira NCAA. A wannan shekarar ta 1906 aka halatta jefa ƙwallo gaba, aka kuma ninka nisan da ake buƙata a ci, don a tilasta wa ƙungiyoyi su bazu a fili maimakon curewa wuri ɗaya. Sannu a hankali ragamar ta fita daga hannun ɗalibai irin su Lea ta koma hannun hukumomin jami'a. A yau ƙungiya wasa ɗaya take bugawa a mako.

Kuɗin ƙofar da aka yi rigima a kansa a 1899 ya zama kogi. Filin jami'ar Michigan na ɗaukar mutum fiye da 100,000, wato kusan ninki uku na filin Seyni Kountché. Akwai masu horaswa da albashinsu ya wuce dalar Amurka miliyan 10 a shekara. Su kuma ɗaliban da ke kai jikinsu, fiye da shekara ɗari ana ce musu su ƴan makaranta ne, ba ma'aikata ba, karatu kyauta ya ishe su. Sai a 2021 aka ba su damar cin kuɗi da sunansu da hotonsu ta hanyar talla.

Sewanee ba ta iya bin wannan gudu ba. Tana cikin jami'o'in da suka kafa gasar kudu maso gabas, SEC, a ƙarshen 1932, gasar da a yau ke cikin mafi arziki a ƙasar. Daga 1933 zuwa 1940 ta buga wasa 37 a gasar, ba ta ci ko ɗaya ba, ta tattara ta fice. Yanzu tana rukuni na uku, inda ba a ba ɗalibi tallafin karatu saboda wasa. Huɗu daga cikin biyar ɗin da ta ci a wancan mako, Teksas, Texas A&M, Luwiziyana da Misisipi, duk suna cikin SEC a yau.

Shi kuwa Luke Lea, halin nan na shirya abin da hankali bai ɗauka bai bar shi ba. Ya kafa jarida a Nashville a 1907, ya zama sanata a 1911 yana da shekara 31, ya tafi yaƙin duniya na farko a Faransa da muƙamin kanar. A watan Janairu 1919, bayan an tsagaita wuta, ya ɗauki wasu sojojinsa cikin mota suka tsallaka ƙasar Holan, har gidan da Sarkin Jamus Wilhelm na Biyu ke gudun hijira, da niyyar su ɗauko shi su kai shi Paris a yi masa shari'a. Sun shiga gidan, ba su samu ganin sarkin ba, aka sallame su. Daga baya harkar banki ta rushe da shi, kotu ta same shi da laifin zamba, ya shiga kurkuku a Carolina ta Arewa a 1934, ya fito a 1936.